Kayan wasan labari na ban tsoro: wanne za a saya, wanne za a haɗa a gida?

"Assalamu alaikum Yaya. Mu biyar ne a Samaru, dukanmu ɗalibai, muna haɗuwa daren Asabar muna buga wasan labari na kan tebur irin na RPG, wato wanda kowa ke ɗaukar matsayin wani mutum a cikin labarin, kuma ni ne mai jan labarin. Yanzu so muke mu koma na ban tsoro, Call of Cthulhu ko makamancinsa. Na leƙa intanet na ga kaya kala-kala, dayis masu ƙyalli, 'yan mutum-mutumi, taswira, allon kariya, har da kyandir, amma komai da dala ne ga kuma kuɗin turowa. Don Allah wanne ne dole, wanne ne ado kawai? Kuma akwai wanda za mu iya haɗawa a nan Zariya?"

Wa alaikumus salam ƙanena, sannunku da ƙoƙari. Idan na fahimce ka, aljihu bai da nauyi kuma ba ka so ka zuba ɗan abin da kuka harhaɗa a kan kayan da za su zauna cikin jaka suna shan ƙura, so kake ka san wanne ne zai sa abokanka su ji tsoron da gaske. To ma'aunin da nake amfani da shi guda ɗaya ne: kayan da ya cancanci kuɗinka shi ne wanda ɗan wasa zai taɓa da hannunsa ya ji gabansa ya faɗi, ko kuma wanda dokar wasan kanta ba ta tafiya sai da shi. Duk wanda aikinsa kawai a kalle shi a ce kai ya yi kyau, wannan a bar shi sai an samu rarar kuɗi. Kuma abin daɗin shi ne yawancin na rukunin farko ɗin ana samunsu tsakanin kasuwar Samaru da ta Sabon Gari.

Me ya sa na ban tsoro ya bambanta

Ka san asalin waɗannan wasannin daga Dungeons & Dragons ne da ya fito a 1974 a Amurka, shi kuma daga wasannin yaƙi na kan tebur ya samo tushe, shi ya sa aka saba da taswira mai gida-gida da 'yan mutum-mutumi, saboda a faɗa kana buƙatar ka san taku nawa ne tsakaninka da abokin gaba. A wancan wasan ɗan wasa jarumi ne, kullum ƙarfinsa ƙaruwa yake. Da kamfanin Chaosium suka fitar da Call of Cthulhu a 1981, wanda Sandy Petersen ya tsara, sai abin ya juye, ɗan wasa ya zama mutum kamar ni da kai, malamin makaranta ko ɗan jarida ko likita, yana bin diddigin wani abu da ya fi ƙarfinsa, kuma har an ware masa maki na lafiyar hankali da ke raguwa duk lokacin da ya ga abin da bai kamata ido ya gani ba. To mutumin da aikinsa bincike ne ba sara da suka ba, abin da yake buƙata a gabansa wasiƙa ce da hoto da yankin jarida, ba filin daga ba.

Daga baya ma wasu masu tsara wasa suka ƙara gaba, suka mayar da kayan su zama su ne dokar. Dread ba shi da dayis ko ɗaya, da katakon Jenga ake buga shi, wato 'yan katakan nan da ake jerawa su yi gini ana zarowa ɗaya-ɗaya. Ten Candles na Stephen Dewey da ya fito a 2015 kyandir goma ake kunnawa, su ne agogon wasan. Shi ya sa kafin ka sayi komai sai ka tsayar da wasan da za ku buga tukuna, don abin da yake dole a wannan ado ne a wancan.

Dayis

Tunda Call of Cthulhu ka ambata, bari mu fara da shi. Kusan komai a cikinsa da ƙidayar ɗari ake yi, wato dayis biyu masu fuska goma-goma, ɗaya na gomomi ɗaya na ɗaiɗai, ka jefa ka samu lamba daga 1 zuwa 100, idan ba ta wuce makin gwanintarka ba ka ci. A bugu na bakwai akwai inda za a ce sai ka samu rabin makin ko kashi ɗaya cikin biyar idan abin mai wuya ne. Bayan su kana buƙatar mai fuska huɗu da shida da takwas jefi-jefi don lissafin rauni ko raguwar hankali. Saitin nan na guda bakwai da ake sayarwa ya ƙunshi duka, kuma saiti ɗaya tak ya ishi teburinku, a riƙa miƙa wa juna. Kada ka bari masu ƙyalli da na ƙarfe su ja ka, musamman ma masu baƙin jiki da jan rubutu da ake tallatawa wai na ban tsoro, a ɗaki mai duhu-duhu ba a ganin lambarsu, sai ka ga an tsaya ana haska tocila ana gardama shida ce ko tara, tsoron da ka ɓata minti ashirin kana ginawa ya bi iska. Fari mai baƙin rubutu, shi ke nan. Idan akwai wanda zai dawo daga Abuja ko Legas ko waje ka ba shi saƙon wannan, shi kaɗai ne a lissafin nan da zan ce a nemo daga nesa.

Kafin ya iso kuma ba sai kun zauna jira ba. Ka tara murfin kwalbar lemo guda ashirin, ka rubuta 0 zuwa 9 a cikin goma, ka sake rubutawa a sauran goman, ka zuba kashi ɗaya a hula ɗaya kashi ɗaya a wata, mutum ya sa hannu ya zaro ɗaya nan ɗaya can, a duba, a mayar a girgiza. Lissafinsa daidai yake da na dayis matuƙar ana mayarwa. Ni har na fi son wannan a kan manhajar waya, don waya da zarar ta fito an ga saƙon WhatsApp to an bar ɗakin. Katin Whot kuwa ba zai yi ba, babu 6 babu 9 a cikinsa.

Akwai kuma wasannin da dayis ɗin lido kawai suke so. Cthulhu Dark na Graham Walmsley masu fuska shida ne zalla, dokokinsa 'yan shafuka ne. Ten Candles ma haka. Wasan Alien da Free League suka fitar a 2019 shi ma masu fuska shida ne, sai dai kala biyu, na gwaninta da na firgici, duk lokacin da hankalin ɗan wasa ya ƙara tashi sai a ƙara masa na firgici ɗaya a hannu, suna ƙara masa damar samun shida amma idan ɗayansu ya faɗo a kan 1 to zai iya ruɗewa. Kamfanin yana sayar da nasa masu ruwan ɗorawa da zane a jiki, amma kai kala biyu na lido ka saya, aikin ɗaya ne. Abin da ke aiki a nan shi ne mutum yana ganin masu kalar nan suna yawa a tafin hannunsa.

Takarda, inda ya kamata ƙarfinka ya tafi

A nan zan daɗe, don a ganina babu kayan da ya kai takardar da za ka miƙa wa 'yan wasa. Call of Cthulhu da wannan ya yi suna, babban labarinsu Masks of Nyarlathotep na 1984 cike yake da wasiƙu da katin kasuwanci da yankunan jarida da ake ba 'yan wasa a hannu, har akwai wata ƙungiya a Amurka da ta buga su kamar na gaske tana sayarwa da tsada. Kai ba ka buƙatar nasu. Bambancin shi ne, idan ka ce da baki "kun tsinci wasiƙa a aljihun mamacin, tana cewa kaza", sun ji labari ne. Idan kuwa ka zaro takarda a ninke, ta yi ja-ja, gefenta ya cinye, ka ajiye a tsakiyar tabarma ka yi shiru, to sai wani ya yi ƙarfin halin miƙa hannu, kuma shi zai karanta wa sauran da muryarsa, kai kana gefe kana kallon fuskokinsu.

Yadda nake yi, in rubutun inji ne sai in buga a shagon fotokofi, amma ka tabbatar injin mai garin tona ne ba mai ruwan tawada ba, don na ruwan da ya taɓa danshi zai dame. Ka dafa shayi mai kauri ba madara ba suga, ka bar shi ya huce, ka zuba a faranti mai faɗi ka kwantar da takardar na ɗan lokaci, ka ɗauko a hankali ka shanya. Da hunturu nan da nan take bushewa, da damina sai ka bi ta da dutsen guga da tsumma a sama. Ka ninke ta ka warware ka sake ninkewa har layin ninkin ya fara tsagewa, ka sa ta a aljihun wando ka yi yawo da ita kwana biyu. Kada ka ƙona gefen, kowa haka yake yi kuma tsohuwar takarda ta gaske ba ƙonewa take ba, gara ce ke cinta, ko ruwan rufi ya ɗiga mata, ko manja ya taɓa ta. Idan ka dace da mai tsohuwar tafireta irin masu buga takardun rantsuwa, ka biya shi ya buga maka, haruffan da ke hawa da sauka ɗin nan babu kwamfutar da ke kwaikwayonsu daidai. Na hannu kuma ka nemi alƙalamin kara da tawadar allo, ka ba wani abokinka da ba ya cikin wasan ya rubuta, don mutanenka sun san rubutunka.

Sannan ka ɗauke labarin daga Amurka ka kawo shi gida, a nan takardar take yin ƙarfi sosai. Wasan ya saba faruwa a shekarun 1920, to me ke Zazzau a lokacin? Akwai Razdan da Di'o da En'e da dogarai, jirgin ƙasa ya riga ya ratsa Zariya ya kai Kano tun 1911, akwai kuma ƙaramin layin nan da ya tashi daga Zariya ya hau Jos don jigilar kuza, wanda aka rufe a 1957. Ka ga tikitin jirgi na wannan layin, ko saƙon tangarahu daga wata ƙaramar tasha cewa lebura uku sun shiga rami ba su fito ba, ko rasiɗin haraji na wani ƙauye da yawan mutanensa ke raguwa duk shekara ba tare da an rubuta mutuwa ba. Sai dai ka kula da zamani, 'yan jami'a ne a gabanka za su kama ka. Kuɗi fam da sule da kwabo ne, naira sai 1973. Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939 ta fara fita, ba za ta shiga labarin 1925 ba, gara ma ka ƙirƙiro sunan jaridarka. Ita kanta jami'ar taku 1962 aka buɗe ta. Mutumin birni mai ilimi a wancan lokacin kuma da ajami zai rubuta wa ɗan'uwansa wasiƙa, idan akwai mai iya karantawa a cikinku to ka ba shi wannan aikin, zai ji shi ma yana da abin da babu mai shi a teburin.

Wata dabara da na ga tana aiki ita ce yaga takarda biyu. An ba 'yan wasa rabin wasiƙa tun farkon dare, rabin yana cewa a je a buɗe rijiyar, suka yi ta shiri a kan haka. Can wajen ƙarshe suka samu ɗaya rabin a cikin wani akwatin ƙarfe, wata 'yar wasa ta jera su a kan tire tana daidaita yagewar da ɗan yatsa, ga tocila a ɗaya hannun, sai kalmar "kada" ta bayyana a farkon layin. Ba ta ce komai ba, ta ɗago ta kalli wanda ya riga ya ɗaga murfin rijiyar. Kuɗin wannan bai wuce na takarda ɗaya da ganyen shayi ba.

Abu ɗaya da zan ja kunnenka a kai da gaske: kada ka rubuta aya ko sunan Allah ko bisimilla a takardar wasa, ko da kuwa don ta yi kama da wasiƙar da ce. Takardun nan ƙasa suke faɗuwa, ana taka su, daga ƙarshe bola za su. Haka nan kada ka ɗinka abu mai kama da laya ko ka zana hatimi, ko na ƙarya ne. Ka fara wasiƙar daga "bayan gaisuwa", ko ka sa gara ta cinye saman.

Katako da kafinta

Idan kuna so ku ɗanɗana Dread, ga yadda yake. Duk lokacin da ɗan wasa zai yi abu mai hatsari sai mai jan labari ya ce ya zaro katako ɗaya daga ginin ya ɗora a sama. Ya zaro lafiya ya ci, ya ƙi zarowa ya faɗi amma yana raye, ginin ya rushe a hannunsa kuwa to mutuminsa ya fita daga labarin. Ba maki ba lissafi, hatta mutumin da za ka buga da amsa tambayoyi a takarda ake gina shi. Wallahi idan ginin ya yi tsawo ya fara rangaji za ka ga ƙato yana goge tafin hannu a riga, yana zagaya tebur yana ƙwanƙwasa katako ɗaya-ɗaya da farce yana neman mai sako-sako, sauran ko numfashi mai ƙarfi ba sa yi.

Jenga guda 54 ne, uku-uku a jere hawa 18, kowanne tsawonsa santimita 7.5, faɗi 2.5, kauri 1.5. Ana samun irinsa a manyan shagunan kayan yara, in ba ka samu ba kafinta zai yanka maka daga ragowar katako. Ka gaya masa busasshen katako kake so, ya goge da sanfefa sosai, kuma kada ya shafa fenti ko banish don mannewa suke. Ɗan bambancin kauri da ba ya kai a gani da ido yana da amfani, shi ke sa wasu su yi sako-sako, amma idan ya yi yawa ginin ba zai tsaya ba, don haka ka sa ya yanka fiye da 54 ka zaɓa. Wannan wasan dai ba na kan katifa ba ne ko tebur mai gurguwar ƙafa, ku samu daɓen siminti ko tebur mai nauyi, a kashe fanka. Kuma in akwai mai rawar hannu a cikinku to ba a yi masa adalci ba, ku zaɓi wani wasan.

Haske da wuta

Duhu kyauta muke samunsa a nan, sai dai ba duhu ɗungurungum ake so ba, ana so a ga takarda da fuskar juna amma kusurwoyin ɗaki su ɓace. Fitila ɗaya a ƙasa a tsakiya ta fi ƙwan sama. Fitilar ƙwai ta fi kowacce kyawun haske don ana rage lagwaninta a hankali ba tare da an lura ba, amma a ƙaramin ɗaki a rufe hayaƙin kananzir zai sa muku ciwon kai, sai a bar taga a buɗe. 'Yar fitilar caji da aka rufa wa jan ƙyalle mara kauri ma ta yi.

Ten Candles kuwa wuta ce ta gaske. Ana kunna ƙananan kyandir goma, duk jifar da ta faɗi a kashe ɗaya a rufe wannan fage, dayis ɗin 'yan wasa na raguwa na mai jan labari na ƙaruwa, kuma kowa ya san tun farko babu mai tsira. Halayen mutuminka a 'yan katuna ake rubutawa, in ka yi amfani da ɗaya sai ka ƙona shi a cikin kwano. Wasa ne mai taɓa zuciya ƙwarai, amma ƙanena idan a hostel kuke ko ɗakin haya mai labule da katifar soso da tabarmar leda, kada ku kunna. Da hunturu ma abin ya fi hatsari, komai a bushe ga iska. In za ku yi, ku fita tsakar gida ko zaure mai siminti, a jera kyandir ɗin a babban tiren ƙarfe da aka zuba wa yashi, kwanon ƙona katin na ƙarfe ko kasko, bokitin ruwa a kusa, masu mayafi da manyan hannun riga su tattare. Ku sani kuma a dokar wasan kyandir ɗin da ya mutu da kansa ya mutu ke nan, ba a sake kunnawa, to a waje mai iska wasan zai ƙare da wuri. Akwai ƙananan kyandir na batir, ana iya amfani da su a yaga katin a maimakon ƙonawa, gaskiya armashin yana raguwa amma ya fi a tashi unguwa da gobara.

Sauti ba sai na ja ba. 'Yar sifika ta Bluetooth a ɓoye a bayanka, sautin iska ko ruwan sama ko kukan gyare, ƙasa-ƙasa yadda sai an kasa kunne. Akwai shafin Tabletop Audio da ke da irin waɗannan kyauta, ka tanadi abinka tun da rana kada netwok ya ba ka kunya. Ka guji duk abin da ke da waƙa ko kiɗan fim ɗin da suka sani. Kuma kashe sautin farat ɗaya a tsakiyar magana ya fi duk wata ƙara da za ka saka. Turaren wuta kaɗan ya isa, ka fara tambaya ko akwai mai asma.

Mutum-mutumi, taswira da allon kariya

'Yan mutum-mutumin nan su ne suka fi tsada kuma su ne suka fi rage tsoro. Tuna yadda ake mana tatsuniya, babu wanda ya taɓa nuna mana hoton Dodo, kowa da irin wanda ya ƙera a kansa kuma nasa ya fi firgita shi. Da zarar ka ajiye ɗan roba mai tsawon yatsa ka ce ga abin, to ya zama abin da ake iya aunawa a zagaye a doke. In an zo gudu ko faɗa ana son a san wa ke ina, tsakuwa da wake da murfin kwalba sun wadatar, shi abin tsoron kuma kada ka sa masa alama sam, ka bar su suna tambaya yana ina.

Taswira iri biyu ce. Mai gida-gida ta faɗa ba ka buƙata. Wadda wani a cikin labarin ya zana da hannunsa kuwa, wannan takarda ce irin wadda muka yi magana, kuma ta fi daɗi idan akwai kuskure a cikinta, ɗakin da ba a zana ba, ko ƙofar da aka nuna amma an je an tarar da bango. Allon kariya, wato wanda mai jan labari ke kafawa a gabansa don kada a ga takardunsa, kwalin indomi ne ka yanka gida uku ka manna jadawalin da kake yawan dubawa ta ciki. Ka yi shi gajere, don fuskarka da hannuwanka suna cikin kayan aikinka. Littafin dokoki ma kada ka yi gaggawa, Chaosium suna ba da taƙaitattun dokoki kyauta a shafinsu tare da labarin The Haunting, ka sauke ka buga, zai riƙe ku har ku gane ko wasan ya karɓe ku.

Katin tsayawa, da idon mutane

Akwai wani kati da John Stavropoulos ya fito da shi, takarda ce kawai da aka zana wa X a ajiye a tsakiya, duk wanda labari ya taɓo masa inda ba ya so sai ya taɓa ta, a tsallake wurin ba tare da an tambaye shi dalili ba. Wasu za su ce ai mu maza ne ba ma buƙata. Ku ajiye dai. A yankinmu akwai wanda aka taɓa sace ɗan'uwansa a hanya, akwai wanda ya ga rikici da idonsa, akwai wadda 'yar ɗakinsu ta yi fama da abin da aka ce iska ce, kuma ba kowa ke faɗa ba. Kafin a fara ka tambayi kowa a keɓe abin da ba ya so ya ji. Ni a teburina ba na sa aljanu ko mayu a matsayin abin tsoron, don a wajenmu ba tatsuniya ba ne, na farko imani ne, na biyu kuma zargi ne da ya sha raba mutane da gidajensu. Ƙirƙiro naka abin da ba shi da suna, ya fi tsoro ma.

Sai maganar waɗanda za su leƙo. Matasa biyar a ɗaki da dare, kyandir a zagaye, dayis, takardu masu baƙon zane, kai ma ka san abin da mai gida ko maƙwabci zai fara kawowa a ransa, ko caca ko tsafi ko ƙungiyar asiri, kuma a garin ɗalibai wannan zargin na ƙarshe ba abin wasa ba ne. Don haka kada kuɗi ya taɓa hawa tebur ko na sayen tsire ne, ku bar ƙofa a buɗe, ka yi wa mai gidan bayani tun da rana ka nuna masa takardun, in ya so ya zauna ya kalla. Kayan da ake sayarwa masu ƙoƙon kai da tauraron tsafi da katunan da suka yi kama da na duba, irin katunan Tarokka na Curse of Strahd, wani labarin Dungeons & Dragons, ni ban ga abin da za su ƙara muku da ya kai fitinar da za su jawo ba. Ku kuma tsara lokacinku bayan Isha, kada a zo tsakiyar labari ana jan ƙafa da salla.

Abin da na faɗa duka daga ƙaramin tebur ne na mutum huɗu zuwa shida da suka san juna, in kun yi yawa ko akwai baƙi to takarda ɗaya ba za ta zagaya ba, sai ka yi kofi biyu, kuma shirun da ake buƙata yana wuyar samuwa. Sannan kaya ba sa gyara labarin da bai ginu ba, idan ba su damu da mutanen da suke bugawa ba ko ka cika ɗakin da kyandir hira za su yi ta yi. In ka tashi kashe kuɗin, fara da buga dokokin kyauta da takardun 'yan wasa, sai ganyen shayi da tawada, sai dayis ɗin lido kala biyu, ka ba da saƙon saitin guda bakwai, in an samu canji a je wajen kafinta. Wasiƙar farko kuma ka fara jiƙa ta tun ranar Laraba don ta samu kwanakin da za ta yi a aljihu kafin Asabar.